Mai danna kwamfuta a buwat (gidan rawar dare), makadi ne ko a'a?

Kawu mai goro: Salamu alaikum jama'a. Dan kanwata da ke kwana buwat nan Garwa ya buga kati wai shi artis ne, makadi kuma mai fim. Ni na ce wanda bai taba sa kalangu a hammata ba, bai ja goge ba, danna kwamfuta kawai yake, ba makadi bane. A dauke wuta mu ji kidan.

Dan Marwa: Allah ya kara girma Kawu, amma in an dauke wuta ai mai walda ma zama yake, ba wanda ya ce ba sana'a gare shi ba 😂

'Yar Njamena: Kawu wakokin fim din Kano da kake sawa a shagonka tun safe da me aka kada su? Fiyano ce Yamaha da kwamfuta, kalangun da kake ji ma a cikin injin yake. Kuma mu nan Chadi muna da Caleb Rimtobaye, Afrotronix, yana Montreal yana hada kidan gida da na inji har ya ci kyautar DJ a AFRIMA 2018, bikin karrama mawaka da makadan Afirka, da can jita yake kadawa a kungiyar H'Sao.

Kawu mai goro: To kin gani diyata, shi ya iya jita tukun. Namu ko gwangwani bai iya bugawa ba.

Malamin lise: Nan ban yarda ba Kawu. Na taba zama wajen yaron, karar babura ya dauka a kasuwa da muryar mai tallan kosai da algaitar hawan sallah na Lamido, ya yanka ya jera a manhajar hada kida ta FL Studio kusan kwana hudu yana gyara wuri daya, wallahi kunnena bai ji bambanci ba shi yana ji. Injin baya zabar komai, kunne ne ke zaba. Haka matasan Detroit suka fara tekno a shekarun 1980 da injin ganga irin TR-808.

Inna Hajja: Ni kidan bai dame ni ba, daren ne. Yaro ya shigo ana kiran asuba yana warin taba.

Dan Marwa: Inna makadan biki ma ai kwana suke

Inna Hajja: A kofar gida suke kwana dana, kowa na gani, kuma ba giya a gefe. Kada ka hada.

'Yar Njamena: Wannan kam Inna tana da gaskiya. Amma fim din fa, masu soya da 'yan babur da masu gadi yake dauka karfe 3 na dare, wa ya taba daukarsu? Mahamat-Saleh Haroun ma, mai shirya fim dinmu na Chadi da ya ci kyauta a bikin fina-finai na Cannes a Faransa a 2010, labarin talakawa yake yi.

Kawu mai goro: Haroun har minista ya zama. Namu jiya ya ranci jaka biyu wajena.

Malamin lise: Kun kalli fim din kuwa Kawu?

Kawu mai goro: Ya turo, minti 12 ne, datata ba za ta kai ba. Wanda ke kusa da kasuwa ya biyo da wayarsa bayan la'asar.