Taƙaitawa: ƙorafi kan ɗaukar ma'aikata a ƙungiyoyin gama kai

Ga abin da na tsinta a muhawararmu kan abin da mutum zai yi in yana ganin an yi rashin adalci wajen ɗaukar ma'aikaci a ƙungiyar gama kai.

1. Kowa ya yarda a fara duba dokokin da ƙungiyar ta yi wa rajista. In sun ce a tallata gurbi, amma kwamiti ya ɗauki ɗan wani a ɓoye, hujja ta samu.

2. A adana tallan gurbin da duk takardun neman aikin.

3. An rabu kan inda za a kai ƙara. Wasu sun ce wajen Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiha. Wasu sun ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, tunda sashe na 254C na tsarin mulkin Najeriya ya ba ta hurumin rikicin aiki. A ganina, mamba ya fara da Darakta, wanda ba mamba ba kuwa ya nemi lauya da wuri.