Wai Gordon ɗin Khartum injiniya ne ko gwamna?

Ɗan Zariya Maradi: Salamu alaikum 'yan uwa. Don Allah masu sanin tarihi ku taimaka min, Baturen nan Gordon da mutanen Mahadi suka kashe a Sudan, mushen mu na lakwal ya ce asalinsa injiniyan soja ne, kamar su jeni militer namu masu gyaran hanya da gada. To ya aka yi mai aikin gini ya zama gwamnan ƙasa sukutum?

Malam Na-Gobir: Wa alaikumus salam ƙanena. Mushenku ya yi gaskiya. Charles Gordon an haife shi 1833 a Woolwich, ya shiga rundunar injiniyoyin sojan Ingila a 1852. Amma injiniyan soja na lokacin ba hanya kaɗai yake yi ba, shi ke haƙa ramukan yaƙi, ya gina ganuwa, ya auna ƙasa ya zana taswira. Haka ya yi a Sebastopol, lokacin yaƙin Ingila da Rasha, a 1855, kwance cikin rami ana ruwan harsashi yana zana inda Rashawa suka kafa igwoginsu. Daga nan Sin, inda ya ja runduna ya yaƙi 'yan tawayen Taiping a 1863 da 1864, sunansa ya fita, shi ya sa Isma'il mai mulkin Masar ya ɗauke shi aiki, ya ba shi kudancin Sudan a 1874, sannan Sudan duka a 1877.

Kuma aikin nasa na asali bai bar shi ba fa, da aka kewaye Khartum a 1884 ya ƙarfafa ganuwa da rami tsakanin kogunan Nilu biyu, ya binne nakiyoyi, ya lulluɓe jiragen ruwa da ƙarfe, har takardun kuɗi ya buga da sa hannunsa don biyan sojoji. Wata goma yana riƙe da garin. Da ruwa ya janye sai gefen ganuwar ya buɗe, ta nan aka shiga ran 26 ga Janairu 1885, masu kawo ɗauki suka iso bayan kwana 2.

Hajiya Ta Tibiri: Malam ka yi bayani amma kar mu wanke shi tas. Turawa na cewa ya yaƙi cinikin bayi, eh ya yi, amma da aka sake turo shi Sudan a 1884 shi da kansa ya yi shela ba zai taɓa masu bayi ba, har ya roƙi a turo masa Zubairu, babban dillalin bayin nan, ya gaje shi, Landan ta ƙi. Ni wannan abin yana min ciwo wallahi.

Malam Na-Gobir: Haka ne Hajiya, ban musa ba. Kuma abin ya taɓo mu nan. Gordon ne ya tura hafsansa Gessi ya murƙushe Sulaimanu ɗan Zubairu a 1879, sai ɗaya daga cikin kwamandojin Sulaimanu ya ƙi miƙa wuya ya yo yamma da bindigoginsa, shi ne Rabe, wanda ya ci Barno a 1893 ya zauna Dikwa. Lamy, kwamandan sojan Faransa da ya ratso ta Damagaram, shi ya je ya gwabza da shi a Kusuri a 1900, su biyun duk a ranar suka mutu.

Ɗan Zariya Maradi: Ikon Allah, ashe Rabe daga can ya taso! Na gode Malam, na gode Hajiya. Don Allah a buɗe mana zancen Rabe daban, musamman tsakaninsa da Hayatu jikan gidan Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo.