Gashin kifin salmon da zuma: waje ya ƙone, ciki bai nuna ba

Maman Hanif, Aberdeen

Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da war haka. Ina neman taimakon masu hannu a girki.

Mu a Aberdeen muke zaune, a Sikotilan, kuma kifin da ya fi yawa a shagunanmu shi ne salmon. A ƙasar nan ake kiwonsa, don haka sabo muke samu, ba wanda ya sha ƙanƙara ba. Yarana sun ci shi a gidan wata maƙwabciyarmu, gasasshe, samansa yana sheƙi da wani haɗi mai zaƙi-zaƙi da ɗan yaji, tun daga ranar suka tasa ni gaba. Abbansu ya sayo murhun gawayi mai murfi ya ajiye a bayan gida, tunda yanzu lokacin zafi ne, rana ba ta faɗuwa sai wajen goma na dare.

Ga yadda nake yi. Nakan haɗa zuma, soya sos (baƙin ruwan ɗanɗano na waken soya mai gishiri), tafarnuwa, ɗanyar citta da lemon tsami, in jiƙa kifin a ciki tun safe, da yamma in ɗora kan waya. Kafin ki ce kwabo ya yi baƙi ƙirin, ƙauri ya cika gidan maƙwabta. In na zo juyawa rabin tsokar ta maƙale a jikin waya, in na ɓara kuma tsakiyar ɗanya ce. Ga wani farin abu kamar dafaffen farin ƙwai yana tsattsafowa ta gefe, ban san ko lalacewa kifin ya yi ba.

Ranar Asabar Hajiyar su Abban Hanif za ta iso daga Kano, kuma mace ce mai son gasasshen kifi. Don Allah a taimaka mini kada in ji kunya.

Ummu Sadiq, Kaduna

Wa alaikumus salam. Ni dai ban taɓa cin salmon ba, amma in ina gasa tarwaɗa naɗe ta nake yi a takardar foyil da albasa da attaruhu, ba ta maƙalewa ba ta ƙonewa. Ki gwada. Allah ya kawo Hajiya lafiya.

Anti Larai, Manchester

Wa alaikumus salam ƙanwata. Shawarar Ummu Sadiq tana da kyau ga tarwaɗa, amma in kika naɗe salmon a foyil turara shi kika yi, ba za ki samu sheƙin nan da yaranki suka gani ba.

Zumar ce take ƙone miki tun kifin bai fara nuna ba. Farin sukari yana fara yin ja ne a wajen digiri 160 na ma'aunin Celsius, irin sukarin da ya fi yawa a zuma kuwa tun daga wajen 110 yake farawa, alhali wayar da ke kan jan garwashi tana iya haura 250. Kifin yana buƙatar minti takwas zuwa goma, zuma ba ta jure ko rabin haka a wannan zafin. Saboda haka haɗin zaƙi a ƙarshe ake shafa shi, saura minti biyu zuwa uku a sauke. Jiƙon safe zuwa yamma kuma ki daina. Lemon tsami yana sa tsokar kifi ta yi laushi ta saki jiki, shi ya sa take ragargajewa in kin taɓa.

Ki sayi wanda yake da fatarsa, kuma ki zaɓi yankan tsakiya mai kauri ɗaya, na wajen wutsiya siriri ne, nan da nan yake bushewa. Ki bi tsakiyar tsokar da yatsa, in kin ji ƙaya ki zare da matsefata. Sai ki narka gishiri babban cokali ɗaya a kowane kofin ruwan sanyi, ki tsoma kifin minti goma, ki tsame ki tsane shi sosai da tishu har ki ji fatar ta bushe. Farin abin nan da ya ba ki tsoro ba lalacewa ba ne, sinadarin gina jiki ne da ke cikin kifin, in wuta ta yi yawa sai tsokar ta matse ta fito da shi ya daskare. Ana ci, muni kawai gare shi. Ruwan gishirin nan da sassauta wuta suna rage shi sosai.

Haɗin da nake yi wa yanka huɗu: zuma babban cokali uku, soya sos cokali uku, ruwan tsamiya mai kauri cokali biyu, gurzajjiyar citta cokalin shayi ɗaya, tafarnuwa ƙwaya biyu, attaruhu rabi. Ni tsamiya ta fi mini lemon tsami a nan, don tana da kauri, tsaminta kuma ba ya gudu a wuta. Shagunan 'yan Indiya da Fakistan duk suna da ita. Ki zuba a ƙaramar tukunya a wuta kaɗan kina juyawa har ya riƙa kama bayan cokali, sai ki sauke. Kada ki ƙara gishiri, soya sos ta wadatar. Ki raba shi biyu tun kafin ya taɓa kifi: rabi na shafawa a wuta, rabi a ƙaramin kwano a kai tebur.

Yanzu wuta, nan ne aikin yake. Ki bari gawayin ya kama har toka ta rufe shi fari-fari, harshen wuta ya mutu. Ki tattara garwashin gefe ɗaya, ɗaya gefen ki bar shi babu komai. Ki bar wayar ta yi zafi, ki kankare ta tas, sannan ki dangwali mai da naɗaɗɗen tishu ki goge ta. Shi ma kifin ki shafa masa mai, musamman fatar. Ki kwantar da shi fata a ƙasa, a kan garwashin, ki rufe murfi, ki ƙyale shi. Kada ki taɓa, kada ki ɗaga ki leƙa. Fatar da kanta take sakin waya in ta gasu, in kika ji tana riƙewa to lokaci bai yi ba. Salmon kifi ne mai maiƙo, in man ya ɗiga wuta ta tashi, kada ki watsa ruwa, toka za ta bule miki kifin. Rufe murfin kawai.

Ni ba na juya shi sam, kuma kada wani ya ce miki dole ne. Da murfi a rufe zafi yana zagayowa ya dafa saman. Ki riƙa kallon gefen yankan: launin yana sauyawa daga ƙasa yana hawa, daga ja mai sheƙi zuwa ruwan hoda fari-fari marar sheƙi. In ya haura kashi biyu cikin uku, wajen minti shida ko bakwai ke nan, sai ki zura faffaɗan cokali a ƙarƙashin fatar ki mayar da shi gefen da babu garwashi. A nan za ki shafa haɗin, ki rufe minti ɗaya, ki sake shafawa, ki sake rufewa. Shafi biyu ko uku marasa kauri sun fi laftawa sau ɗaya.

Abu guda game da Hajiya. Salmon ko ya nuna lugub ba ya komawa fari irin na ƙarfasa. Launin daga abincinsa yake, na teku yana samu daga ƙananan jatan lande, na kiwo kuma ana sa masa a abinci. Ki gaya mata tun kafin ta ɓara, in ba haka ba za ta ture farantin ta ce ɗanye kika ba ta.

Abu Fatima

Salam. Ƙari kaɗan ga abin da Anti ta faɗa. In za ki sayi haɗin kwalba, irin wanda ake kira teriyaki, ki karanta bayan kwalbar. Asalinsa girkin Japan ne, kuma suna sa mirin, wani ruwan girki mai zaƙi da ake yi da shinkafa, wanda na ainihinsa yake da barasa wajen kashi 14 cikin ɗari. Wasu kamfanonin ma giyar inabi suke sawa. Haɗin gida ya fi kwanciyar hankali. Soya sos ɗin ma akwai mai tambarin halal.

Baban Yasmin, Kano

Anti Larai, Allah ya saka da alheri, har na kwafe. Amma ina da ja a wuri ɗaya. Mu fa ba ma cin kifi mai danshi a ciki, ni sai na ji ya gasu ƙayau.

A nan salmon sai manyan kantuna, daskararre, kuɗinsa kuma ba na kullum ba ne. Ni da titus nake irin wannan gashin, shi ma mai maiƙo ne, yana karɓar zuma da tsamiya. Nakan tsattsaga jikinsa, in gasa a kurfoti, in kifa masa tsohuwar tukunya a madadin murfi. Shi dai dole a juya shi tunda gudansa ne. Wanda zai yi da daskararre ya sauko da shi daga firiza zuwa firji tun dare, kada ya jiƙa a ruwan zafi.

Anti Larai, Manchester

Malam, titus yana yafe wa mai gashi, salmon ba ya yafewa. In ka bar shi ya yi ƙayau ka yi asarar kuɗinka, sai ka bi kowace loma da ruwa. Ba ɗanye nake nufi ba. Hukumomin abinci na Amurka sun ce tsakiyar kifi ta kai digiri 63, kuma a nan yana da taushinsa. Masu gidajen abinci da yawa suna saukewa tun a 52, ni ba na ba tsofaffi da yara da mai juna biyu irin wannan. Maman Hanif, in kina da ma'aunin zafi na girki ki soka a wuri mafi kauri, ki sauke yana wajen 60, ki bar shi ya huta minti uku, zafin jikinsa zai ƙarasa shi. In babu, ki danna da cokali mai yatsu, in tsokar ta rabu salo-salo ya yi.

Maman Hanif, Aberdeen

Na gode ƙwarai Anti, na gode 'yan uwa, Allah ya bar zumunci. Saura tambaya ɗaya. An ce ana sa ran ruwa ranar Asabar, kin san halin garin nan. Zan iya jawo murhun cikin gareji in bar ƙofa a buɗe?

Anti Larai, Manchester

A'a ƙanwata, ko kusa. Gawayi yana fitar da iska mai guba wadda ba ta da wari ba ta da launi, tana kisa, ko garwashin da kike ganin ya mutu yana ci gaba da fitar da ita. Ba gareji, ba kicin, ba bakin ƙofa.

In ruwa ya sauko ki koma obin. Ki shimfiɗa foyil a tire, fata a ƙasa, digiri 200, minti takwas ba tare da haɗin ba. Sai ki fito da shi ki shafa, ki kunna wutar sama, ki mayar minti biyu kina tsaye a wurin kina kallo ta gilashi. Da kin ga haɗin yana tafasa gefensa ya fara duhu, ki fitar. Ki dafa farar shinkafa, ki ajiye wa Hajiya yajinta a gefe, na san za ta nema.