Muhawara a kan littafin lambobi da kalmar hisabi

Ɗalibi daga Mabera: Assalamu alaikum. Na kawo kukana gare ku, domin raina ya ɓaci ƙwarai. Wata takwas ke nan ina rubuta ƙagaggen labari a kan wani littafi da babu shi a duniya, wanda kowane shafinsa hatimi ne na lambobi, duk wanda ya cika gidajensa daidai sai ƙofa ta buɗe masa zuwa wata Sakkwato ta daban, inda Hubbare da kasuwa suke a wurarensu, amma kowane mutum yana rayuwar da ya ƙi zaɓa a nan. Tunanin ya zo mini ne daga ra'ayin duniyoyi masu yawa da Hugh Everett ya gabatar a Amurka a 1957, na haɗa shi da ɗan hisabin da na sani. Yayana ya karanta shafi biyu, ya ƙwace rubutun ya kulle a akwatinsa. Shin ƙaga irin wannan labari laifi ne?

Malami daga Runjin Sambo: Wa alaikumus salam. Ƙanena, da bakinka ka kama kanka, tunda ka ce hisabi. A ƙasar nan idan aka ce wane yana hisabi, kowa ya san ana nufin mai haɗa sunan mutum da na mahaifiyarsa ya faɗa masa ko aure zai ɗore, kuma wannan duba ne, ba shi da wani suna.

Dattijo daga Kanwuri: Allah ya gafarta Malam, wannan magana ta yi nauyi. Hisabi a asalinsa ƙidaya ne, kuma da shi ake rabon gado. Malamanmu na jihadi sun riƙa rufe waƙoƙinsu da ramzi, wato haruffan da idan aka tara lambobinsu za su ba da shekarar da aka yi waƙar. Shinun dubu ne, ra'un ɗari biyu, shi ya sa ramzin ƙarni na goma sha uku na hijira yake farawa da su. Ashe su ma duba suke yi?

Malama daga Arkilla: Baba, a yi mini afuwa, amma shinun ɗari uku ne. Gainun ne dubu, kuma da wannan ƙidaya Bisimilla take ba da 786, kamar yadda kowa ya sani.

Dattijo daga Kanwuri: 'Yata, ƙidayar Gabas kika karanta. Mu ta Magrib muka gada tare da rubutunmu da ƙira'ar Warshu, inda sinun yake 300 maimakon 60, don haka Bisimilla a wurinmu 1026 take bayarwa. Wannan ita ce illar ɗaukar ilimi daga waya ba daga bakin malami ba.

Malama daga Arkilla: Ba daga waya na ɗauka ba, a jami'a na karanta, kuma ba daidai ba ne a riƙa raina duk wanda bai zauna a zaure ba. Da ma abin da nake son nunawa shi ne, idan kalma ɗaya tana ba da lamba biyu gwargwadon ƙasar da mutum yake, to babu wani sirri a cikin lambar.

Ɗalibi daga Mabera: Iyayena, tambayata a kan labarin take, ba a kan kalmar ba.

Bakatsine mazaunin Gawon Nama: Tunda an taɓo hatimi, ya kamata a ba mai haƙƙi haƙƙinsa. Malamin Katsina Muhammad al-Kashinawi ya rubuta littafi a kan tsara hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741, tun ba a haifi Shehu ba. Hatimi mai gida tara, biyar a tsakiya, kowane layi yana ba da 15, lissafi ne tsagwaronsa, kuma Katsina ce ta riga Sakkwato.

Malami daga Runjin Sambo: Ba gasar garuruwa muke yi ba, ɗan'uwa, kuma da ilimin Katsina ya wadatar da ba a yi jihadi a 1804 ba.

Bakatsine mazaunin Gawon Nama: Malam, ina roƙon ka janye wannan magana.

Shugaban zaure: Na rufe muhawarar a nan. Abin da ya tabbata shi ne hisabi gadon malamanmu ne, kuma Baba na Kanwuri, wanda ni kaina na yi karatu a gabansa, ya warware batun da hujjar da ba a iya turewa ba. Malama ta kawo ƙidayar da ba tamu ba, Malam na Runjin Sambo ya tsaurara fiye da kima, maganar Katsina kuwa ba ta da alaƙa da abin da ya tara mu. Shi kuma mai tambaya, ya je ya ba yayansa haƙuri, idan ya karɓi rubutunsa ya kai wa Baba ya duba masa lambobin, domin ina kyautata zaton da ƙidayar Gabas ya cika hatiman nasa.