Me ya sa Legas ba ta yi sanyi ba bayan an koma Abuja?

Sadiq_Fagge:
Salam 'yan uwa, don Allah masana tarihi ku taimaka min. Jihar Legas ce mafi ƙanƙantar fili a duk jihohin Najeriya, wani ɓangaren nata ma ruwa ne, amma kullum sai ƙara cika take. Tun 1991 gwamnatin tarayya ta tattara ta koma Abuja, ni a tunanina ai da garin ya mutu kamar yadda Zungeru, tsohuwar hedikwatar Arewa, ta yi da Turawa suka koma Kaduna. To mene ne yake riƙe da ita?

Malam_Habu:
Wa alaikumus salam Sadiq. Zungeru ofis ne ya raya ta shi ya sa da ofis ya tashi ta kwanta, Legas kuwa teku ce. Tun kafin Ingila ta karɓe ta a 1861 daga hannun Oba Dosunmu tashar fatauci ce, da farko bayi ake fitarwa, daga baya aka koma manja. Abin da ya ɗaga ta sosai shi ne layin dogo, an fara shi 1896 ya isa Ibadan 1901, zuwa 1912 jirgi na tashi daga Legas har Kano, to daga nan gyaɗarmu da auduga da fatu da kuzar Jos duk suka samu hanyar zuwa bakin ruwa, kuma duk inda kaya ke sauka nan banki da kamfani da lebura za su tare, haka Apapa, unguwar tashar jiragen ruwa, ta zama Apapa. Ita jihar kanta Gowon ne ya ƙirƙiro ta 27 ga Mayu 1967. Da kuɗin fetur ya zo sai abin ya wuce misali, a 1975 ɗaruruwan jiragen siminti suka yi cirko-cirko a teku wata da watanni babu wurin sauke kaya, wannan ne ya sa aka gina tashar Tin Can aka buɗe 1977. Babangida ya kwashe ma'aikatu ya kai Abuja amma tashar jirgin ruwa ba ta ɗaukuwa. Ka duba ko Dangote ɗan Kano ne, amma matatarsa mai ganga 650,000 a rana a Lekki ya kafa ta, kusa da sabuwar tashar da aka buɗe 2023.

Baba_Agege:
Malam ya yi bayani, Allah ya ƙara sani. Ni abin da zan ƙara maka yaro, kar ka ɗauka mu baƙin jiya ne a Ikko. Tun 1863 Gulob Bature (wato Glover) ya haɗa rundunar Hausawa a garin nan, ita ce ma tushen sojan Najeriya. Zangon Agege kuwa goro ne ya kafa shi, gonaki na kewaye ga tashar jirgi a kusa, iyayenmu su sayi goro a jera shi cikin huhu da ganye a yayyafa ruwa a ɗaure tamau a loda sai Kano, jirgin ya dawo da shanu. Yanzu gonakin duk sun zama gidaje. Amma har gobe ka je kasuwar Mile 12 da asuba ka ga tireloli suna sauke tumatir da albasa da tattasai, ko mayankar Oko-Oba, za ka gane cikin garin nan da Arewa yake ɗaure. An sha wuya kam, rikicin Hausawa da Yarabawa na Idi-Araba a 2002 ba mu manta ba, amma zama ya yi zama, jikokina Yarabanci suke kamar an haifi kakansu a Isale Eko, tsohuwar unguwar cikin gari.

Maman_Hanifa:
Baba a yi min afuwa zan sa baki, gaskiya ana ta maganar girma ba a faɗin wa aka taka. Maroko fa? Yulin 1990 gwamnatin soja ta Raji Rasaki ta rushe unguwar gaba ɗaya cikin damina, an ƙiyasta mutum kusan 300,000 suka rasa matsuguni, yau filin na masu kuɗi ne. Haka aka yi wa masunta a Otodo Gbame 2016 zuwa 2017. Mu nan ɗaki ɗaya sai ka biya shekara cif tukun, ga kuɗin ejan ga na agirimen, miji ya fita tun kafin kiran assalatu saboda goslo ya dawo yara sun yi barci, ruwan sama kuwa idan ya sauka har cikin ɗaki. Da aka hana acaba a wasu ƙananan hukumomi a 2022 yaranmu nawa suka rasa babur suka rasa abin yi. Jakande da ya yi gwamna 1979 zuwa 1983 shi ne ya gina wa talaka gidaje masu sauƙi da makarantu, har jirgin cikin gari ya fara soja suka soke shi 1985, sai 2023 Blue Line ta fara ɗaukar fasinja, kusan shekara 40 aka yi asara wallahi abin na min ciwo.

Sadiq_Fagge:
Na gode ƙwarai iyayena. Malam saura ɗaya, yanzu mutum nawa ne a jihar? Kowa da abin da yake faɗa.

Malam_Habu:
Ƙidayar 2006 ta ba Legas wajen miliyan 9.1, Kano miliyan 9.4, gwamnatin Legas ta ce sam, nata lissafin ya haura miliyan 17. Tun daga lokacin ba a sake ƙidaya ba, don haka duk wanda ya ce maka miliyan 20 ko sama da haka ƙiyasi yake ba ka.