Tarihi ya rabe a cikin littafina, yaya zan hana rassan cakuɗewa?

Ƴar Unguwar Rogo:
Assalamu alaikum marubuta. Labarin yana faruwa ne a wata duniya ta ƙirƙira, daula ce bisa duwatsu mai arzikin kuza. Daren da maƙiya suka kewaye birni, sarauniya ko dai ta buɗe ƙofa ko ta ƙi, daga nan tarihi ya rabe biyu, kowane reshe yana tafiyarsa. Akwai wata tsohuwar rijiya da ake bi a ƙetara daga wannan zuwa wancan. Niyyata duk babban zaɓi ya sake raba tarihin. Rassa nawa labari zai iya ɗauka? Yaya ake riƙe lissafin shekaru? Sannan jarumata an haife ta shekara 12 bayan daren ƙofar, za ta iya kasancewa a duka rassan?

Malamin Lissafi, Bukuru:
Wa alaikumus salam Malama. Ki janye maganar cewa duk zaɓi zai raba tarihi. Zaɓi uku rassa 8 ne, biyar 32, goma kuwa 1,024. Ki tsaya a mararraba ɗaya babba, in ya zama dole ki ƙara ƙarama guda a cikin reshe ɗaya, rassa uku ke nan. Kuma ki kafa dalilin da ya sa daren ya raba duniya alhali sauran darare ba su raba ba, misali rantsuwa da aka yi a bakin rijiyar aka karya. In babu dalili, mai karatu zai ce to me ya sa zaɓen miji bai raba ta ba.

Lissafi kuma: daren ƙofar shi ne shekara ta 0. Abin da ya gabace shi tarihi ɗaya ne, ba a taɓa shi. Ki buɗe tebur a Google Sheets ko ki ja layi a littafin rubutu: shekara, reshe, wa ke mulki, wa ya mutu, wa aka haifa, wa ya san da rijiyar, me aka ƙetara da shi. Gurbin ƙarshen nan ki riƙe shi kamar littafin bashin mai kanti, takobin da ya fita daga reshen A an cire shi daga A ke nan, kada a gan shi a can a babi na 20.

Ki bar lokaci ya yi gudu ɗaya a ko'ina. In kika ce kwana ɗaya a nan kwana uku ne a can, wadda ta yi shekara 4 a nan za ta koma ta tarar jaririyarta ta kai 12, kuma kowace ƙetarawa sai kin sake lissafin shekarun kowa. Haka in wani reshe na bin wata wani na bin rana: shekarar wata kwana 354 ce, ta rana 365, cikin shekara 33 sun bambanta da kusan shekara guda.

Inna Mai Alƙalami:
Ƴata, jarumar taki a reshe ɗaya kawai za ta kasance. Ko da iyayenta sun yi aure a duka biyun, shekara 12 ta ishi komai ya goce, ɗan da za a haifa a can wani ne daban, wataƙila ma namiji. Masu kwafi biyu su ne waɗanda suke raye daren ƙofar. Kada ki ɗauki wannan asara. Yarinya ta ƙetara ta tarar da uwarta da ta binne tana tsakar gida tana tankaɗe, ta ɗago ta ce "Baiwar Allah, wa kike nema?" Wannan ya fi haɗuwa da mai kama da ita sau goma.

Abin da ya fi kashe irin labaran nan shi ne mutuwa ta zama ba komai ba, tunda duk wanda ya mutu ana iya ɗauko na ɗaya reshen. Ki sa wa rijiyar farashi mai tsada: sau biyu kacal mutum zai bi ta a rayuwarsa, ko kuma ba ya shiga reshen da kwafinsa ke raye.

Sai ki kula da saurin canji. Washegarin rabuwa, mai sayar da masa tana nan a inda take a duka rassan. Ki duba Jos ɗin nan: Turawa sun fara haƙar kuza tun farkon shekarun 1900, jirgin ƙasa bai iso daga Zariya ba sai 1914, leburori da 'yan kasuwa suka yi ta kwararowa, kududdufan da aka bari kuwa har yau suna nan. Haka za ki jera naki: shekarar farko sarauta da haraji, bayan goma kasuwa da baƙi, bayan talatin harshe da fasalin ƙasar kanta.

Ɗan Farin Gada:
Inna, a gafarce ni, ban yarda gaba ɗaya ba. Almara ce, in marubuciya ta ce rijiyar ke sa a haifi mutum ɗaya a kowane reshe, ya zauna. Sharaɗi dai ta faɗa tun babukan farko, kuma dokar ta hau kan kowa har bawan fada, kada ta zama gatan jaruma.

Damuwata masu karatu. In a WhatsApp ko Wattpad za ki riƙa saki, mutum ya karanta shafi yau, na gaba sai jibi, ya manta inda yake. A da B na teburinki ne, a littafi ki ba su suna, Buɗaɗɗiya da Rufaffiya, ki rubuta sunan da shekarar a saman kowane babi. Cikin layi uku na farko a ga wata alama: a Buɗaɗɗiya ana ciniki da kwabon kuza mai tambarin maƙiya, a Rufaffiya har yanzu wuri ake ƙirgawa. Kada ki sauya reshe a tsakiyar babi, kuma ki ba na farko babi huɗu ko biyar kafin ki leƙa na biyu. In kina son ganin zanen rassan a ido, manhajar Twine kyauta ce, tana haɗa akwatuna da kibiyoyi, amma ta fi daɗin aiki a kwamfuta fiye da waya.