Baba na cin rabin kwano ya ce ya cinye: wane littafi ne zai fahimtar da ni aikin ƙwaƙwalwa na ɓoye?

Maman Sumayya

Assalamu alaikum 'yan uwa. Shawara nake nema a kan littattafan ƙwaƙwalwa da halayyar ɗan Adam, amma bari in faɗi dalili don a san irin wanda nake bukata.

Bayan ƙaramar Sallah hawan jini ya kayar da mahaifinmu, ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. Alhamdu lillahi bakinsa bai taɓu ba, yana gane kowa, har bashin da yake bin mutane a kasuwa yana lissafawa da ka. Abin da ya ɗaure mana kai daban ne. In an kawo masa tuwo sai ya cinye na dama tas, ya bar na hagu kamar an raba da wuƙa, wani lokacin har ya yi ƙorafin an rage masa abinci. Ƙanwata ta juya kwanon a gabansa, sai ya tambaya wa ya ƙaro. In ka yi sallama ta hagunsa zai amsa, amma dama yake waiwayawa yana neman mai maganar. Wajen alwala ma ɓarin fuska ɗaya yake wankewa. Wanda ya fi ci mini rai shi ne hannun. Ka ce "Baba, ɗaga hannun hagu", ya ce lafiyarsa ƙalau, gajiya ce, anjima zai ɗaga. Ya sha yunƙurin miƙewa da dare zai tafi banɗaki shi kaɗai.

Hajiyarmu ta ce taurin kai ne, dama can ba ya yarda ya gaza. Baffa ya ce sammu ne. Likita ya ce idonsa lafiya lau, a ƙwaƙwalwa matsalar take, amma layi ya yi tsawo a bayanmu, bai samu sararin yi mana bayani ba.

Yayana ya sayo wani littafi wajen masu baza littattafai a bakin titi, The Power of Your Subconscious Mind, yana so mu riƙa sa Baba ya maimaita "na warke" kafin barci. Na karanta wajen rabi, raina bai kwanta ba. Mutumin da ciwonsa shi ne ganin lafiyarsa lau, yaya za a ƙara masa da "na warke"? Ni malamar makaranta ce, Turanci ba ya ba ni wahala. Wane littafi ne zai nuna mini abin da ƙwaƙwalwa ke yi ba da sanin mai ita ba?

Abu Fadila

Wa alaikumus salam. Malama, Allah Ya ba Baba lafiya, Ya sa kaffara ne. Aikina ke nan, a sashen gashin ƙashi (physiotherapy) na asibiti nake, kuma irin Baba ba baƙi ba ne a wajenmu. Ki fara kai wa Hajiya wannan saƙon: ba taurin kai ba ne, ba kuma ƙarya yake yi ba.

Ɓarin ƙwaƙwalwa na dama shi ke juya ɓarin jiki na hagu, wannan an sani. Abin da ba a cika sani ba shi ne yadda suka raba aikin lura. Na dama yana sa ido a kan duka ɓangarorin biyu, na hagu kuwa abin da ke dama ya fi kula da shi. To in na dama ya samu rauni, hagu ya rasa mai kula da shi. Ido yana ɗauka, saƙo yana shiga, hankali ne ba ya waiwaya. Musun shanyewar kuma wani likitan Faransa, Joseph Babinski, ya bayyana shi tun 1914.

A 1978 wasu likitoci biyu a Milan ta Italiya, Bisiach da Luzzatti, suka ce wa majinyatansu su ƙaddara a ransu suna tsaye a babban dandalin garin suna fuskantar majami'a, su lissafo gine-ginen da ke wurin. Suka lissafo na dama, suka bar na hagu. Aka ce to yanzu ku ƙaddara kun koma ɗaya ƙarshen kun ba majami'ar baya. Sai ga su suna kawo waɗanda suka bari ɗazu, suna barin waɗanda suka faɗa. Ke nan dandalin gaba ɗayansa yana nan a ajiye a kansu, rabi ne kawai ake miƙo musu a lokaci guda. A 1988 kuma, a Ingila, wasu masu bincike, Marshall da Halligan, suka nuna wa wata mata zanen gida biyu iri ɗaya, sai dai ɗayan wuta na ci ta hagunsa. Ta ce babu bambanci. Aka ce wanne za ki zauna ciki? Mafi yawan lokuta sai ta nuna wanda ba ya cin wuta. Wannan shi ne aikin ɓoyen da kike tambaya, a fili.

Littafi kuwa, ki fara da na Oliver Sacks, The Man Who Mistook His Wife for a Hat, na 1985. Labaran majinyata ne gajeru-gajeru. Akwai na wata tsohuwa mai irin lalurar Baba sak, rabin leɓe take shafa wa jan-baki, kuma da ta fahimci abin da ke damunta sai aka samo mata keken guragu mai juyawa, tana zagayawa ta dama har ragowar abincin ya faɗo inda take gani. Bayansa ki nemi Phantoms in the Brain na V. S. Ramachandran da Sandra Blakeslee, 1998, shi ya fi zurfafawa a kan musun shanyewa.

Kafin littafin ya zo: a daina gardama da shi kan hannun, ba za a ci nasara ba, ɓacin rai kawai za a tara. Kada a bar shi shi kaɗai da dare, faɗuwa ita ce abin tsoro. A liƙa jan ƙyalle a gefen tire na hagu, a koya masa ya nemo jan kafin ya ce ya gama. A riƙa duba hannun kada ya kwanta a kansa ko ya maƙale a ƙafar keke bai sani ba. Musun yakan ragu cikin makonni ko watanni, mantawa da hagun ya fi daɗewa.

Ɗan Samaru

Allah Ya ƙara sauƙi, Anti. Ilimin halayyar ɗan Adam nake karantawa, zan yi magana ne a kan littattafan kawai.

Wanda Yaya ya sayo, Joseph Murphy ne ya rubuta shi a 1963, kuma ba likita ba ne, mai wa'azi ne a wani coci a Los Angeles. Akidarsa ya rubuta, da labaran mutanen da ba yadda za a yi a bincika. Ki ajiye shi.

Sigmund Freud, likitan nan na Austriya mai nazarin ɓoyayyen hankali, shi ma ban ba ki shawarar farawa da shi ba, ko da yake sunansa za ki fara ji. Littafinsa na mafarki ya fito ƙarshen 1899, kuma ɓoyayyen hankalin da yake magana a kai na buri ne da sha'awar da mutum ya danne. Matsalar ita ce duk abin da majinyaci ya ce, akwai fassarar da za ta gaskata Freud. In ka yarda ya yi daidai, in ka musa an ce dannewa kake yi.

Wanda ake yawan yabawa yanzu shi ne Thinking, Fast and Slow na Daniel Kahneman, 2011. Yana da amfani sosai wajen gane yadda muke yanke hukunci cikin gaggawa sannan mu ƙirƙiro hujja daga baya. Sai dai a karanta da lura. Akwai babin da ya dogara da irin gwajin John Bargh na 1996, wai ɗaliban da aka sa suka karanta kalmomin da suka shafi tsufa sun fita suna tafiya a hankali ba su sani ba. A 2012 aka maimaita shi a Beljiyam da na'urar auna lokaci, abin bai fito ba, sai a inda mai gwajin da kansa yake sa ran gani. A 2015 aka sake gwada bincike 100 na ilimin halayyar ɗan Adam, waɗanda suka tsaya da ƙafarsu ba su kai 40 ba. Kahneman da kansa ya amsa a 2017 cewa ya dogara da bincike masu rauni a babin.

Wanda ba ya girgiza shi ne labarin Henry Molaison. A 1953 aka yi masa tiyatar farfaɗiya yana da shekara 27, aka cire wani sashe a ɓangarorin ƙwaƙwalwarsa biyu, daga nan bai ƙara riƙe sabon abu ba. Wata mai bincike, Brenda Milner, ta sa shi bin zanen tauraro da fensir yana kallon hannunsa ta madubi kaɗai. Kwana uku yana yi, kullum hannun na ƙara ƙwarewa, shi kuwa bai tuna ya taɓa yi ba. Suzanne Corkin ta rubuta tarihinsa a 2013. Ina ganin akwai ƙarfafa gwiwa a nan ga masu jinya: atisaye yana iya zama a jiki ko da mai jikin bai lura ba.

Maman Sumayya

Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri. Na karanta wa Hajiya bayanin Malam Abu Fadila. Saura Baffa. Ya ce waɗannan duk maganar Turawa ce, gobe zai zo da mai ruƙiyya. Ba na so in yi wa babba rashin kunya, kuma ni ma ba na ƙin addu'a. Akwai wani abu daga malamanmu na Musulunci da zan iya nuna masa?

Malam Na-Islamiyya

'Yar uwa, ki bar Baffa ya kawo mai ruƙiyya, karatun Alƙur'ani ba ya cutar da mara lafiya. Sharaɗi biyu za ki roƙa cikin ladabi, gara ma ta bakin Hajiya ko Yayanku: ba duka ba hayaƙi a rufaffen ɗaki, kuma ba za a dakatar da maganin hawan jini ko na kwana ɗaya ba. A nan mutane suke asara, a ajiye ƙwaya a koma rubutu kaɗai, ciwon ya sake bugowa.

Game da littafi, akwai Abu Zaid al-Balkhi, wanda ya rasu a shekarar 934 miladiyya, mai Masalihul Abdan wal Anfus. Littafin kashi biyu ne, ɗaya a kan jiki, ɗaya a kan rai: fushi, tsoro, baƙin ciki da waswasi. Ya raba baƙin ciki gida biyu, wanda aka san dalilinsa kamar rashi ko asara, da wanda ke sauka haka kawai, kuma wannan na biyun ya danganta shi da jiki, ya ce a nema masa magani ta nan. Farfesa Malik Badri ɗan Sudan, Allah Ya ji ƙansa, ya fassara sashen rai zuwa Turanci a 2013. Ba zai yi miki bayanin kwanon tuwo ba, wannan sai littattafan da aka ambata a sama. Amma zai nuna wa Baffa cewa danganta sauyin hali da lalurar jiki ba Turawa suka fara ba.

Alwala kuma kada ta dame ku. Wani ya taimaka masa ya cika wankin, Allah ba Ya ɗora wa rai abin da ba zai iya ba.

Abu Fadila

Na goyi bayan Malam. Ƙanena Ɗan Samaru, wuri ɗaya zan ɗan saɓa maka: kada ka sa ta jefar da Freud gaba ɗaya. Kafin ya koma fassarar mafarki likitan jijiyoyi ne, kuma Ramachandran da kansa ya ce a bakin waɗannan majinyata ya ga musu da ƙirƙirar uzurin da Freud ya siffanta. "Gajiya ce, anjima zan ɗaga" ai ita ce. Inda suka rabu shi ne dalili. Da tsoron gaskiya kaɗai ne, da masu shanyewar dama ma sun riƙa musu haka, alhali a masu shanyewar hagu aka fi ganinsa nesa ba kusa ba.

Malama, in kin kai babin musun shanyewa a littafin Ramachandran za ki ga wani gwaji da likitocin Italiya suka fara, shi ma Ramachandran ya maimaita. An ɗura wa wata majinyaciya ruwan ƙanƙara a kunnen hagu, nan take ta amsa cewa hannunta a shanye yake, har ta ce ya kwana biyu a haka. Bayan sa'o'i ta koma musu. Na san za a samu wanda zai ce a gwada wa Baba. Kada ku kuskura. Yana kawo jiri mai tsanani da amai, yana da haɗari in dodon kunne ya samu matsala, kuma tasirinsa ba ya daɗewa. Ranar da za ku koma asibiti ki rubuta abubuwan nan da kika lissafa mana a takarda, kwanon, alwalar da tashin dare, ki miƙa wa likita da mai gashin, don atisayen mai wannan lalurar daban yake da na sauran masu shanyewar ɓarin jiki.